Wanda Aka Bar wa Wuta

A masana'antar kwalabe, tun daga mai gadin ƙofa har zuwa masu loda mota, ba wanda ke kiransa da sunan da aka raɗa masa. Rediyo suke ce masa, kuma tsakani da Allah ba su zalunce shi ba. Mutum ne da in ka ce masa ina kwana, to ka nemi wurin zama. Zai gaya maka yadda ya kwana, da yadda maƙwabcinsa ya kwana, da abin da ya hana akuyar maƙwabcin barci. Ba maƙaryaci ba ne, ba kuma magulmaci ba, ba a taɓa jin ya ɓata wani da gangan ba. Shi dai magana ce ba ta iya zama a cikinsa. Matarsa takan ce ranar da aka raba shiru, mijinta yana can ya tsare wani da labari.

Yana saurayi ya zo gari wajen yayarsa, hannu rabbana, ba sana'a ba takarda. Mijin yayar ne ya kama hannunsa ya kai shi masana'antar. Shi mijin Yaya yana kan injin buga kwalba, dogon mutum mai sanyin murya, wanda daga baya ma'aikata suka zaɓa ya riƙa magana da yawunsu, shi ya sa kowa ke ce masa Wakili. Ya samar wa ƙanen matarsa aikin sharar fasassun kwalabe, ya ba shi tsohon takalminsa na aiki, ya kuma tsaya masa lokacin da aka so a sallame shi saboda surutu a bakin aiki. Da Rediyo ya tashi aure, Wakili ne ya yi masa uba. Duk da haka ba sa haɗuwa ba su tsokani juna ba. Wakili kan ce shi mata ɗaya ya je nema, sai aka ɗora masa gyara. Rediyo ya ce gyaran ma ya fi ƙarfinsa, ita kuwa Yaya sadaka ta yi da ta yarda da shi. Sunan ya bi shi, har gobe a gidan yayarsa Gyara ake ce masa.

Daga shara aka mayar da shi wajen tanderu, kuma a nan ya sami abin da zai yi har furfura. Tanderun narka gilashi ɗaki ne guda na bulon wuta, ana zuba masa yashi da fasassun kwalabe ta baya, narkakken gilashi yana fita ta gaba zuwa injuna. Ma'aikata na ce masa Tsohuwa, saboda ya girmi mafi yawansu a wurin, ga kuma rigima irin ta tsofaffi. Tun ranar da aka kunna ta ba a taɓa kashe ta ba, ko ranar hutu. Ba don son aiki ba ne. In wutar ta mutu, gilashin da ke cikinta zai daskare ya zama dutse, sai dai a rushe a sake gini. Aikin Rediyo shi ne ya riƙe wutar daidai: ya leƙa ta 'yar taga da baƙin gilashi a fuska, ya duba ma'aunin zafi, ya ƙara gas ko ya rage iska. Yana son Tsohuwa so na gaskiya, wataƙila don ita kaɗai ce ke sauraronsa ba ta duba agogo.

Rikicin da ya taso ba a kan albashi ba ne, a kan zafi ne. Manyan fankokin da ke zuƙe zafi daga ɗakin injuna suka lalace ɗaya bayan ɗaya, ba a gyara ba. Aka zo aka soke ɗan hutun da ake ba mutum ya fita ya sha iska ya dawo, wai yana rage yawan kwalba. Wakili ya yi ta sintiri zuwa ofis, kullum a ce masa ana dubawa. Ana cikin dubawar wani mai aikin inji ya yanke jiki ya faɗi, damtsensa ya sauka a kan kwalaben da ba su huce ba. Ƙaurin fatar mutum ba abin da hanci ke mantawa ba ne. Washegari ba wanda ya shiga, duk suka zauna a bakin ƙofa, ƙarƙashin rumfar da ake ajiye kekuna da babura.

Amma masu aikin gilashi suna da wata ƙa'ida tasu da ba a rubuta ta ko'ina ba: kome zafin yajin aiki, ba a barin wuta ta mutu. Da mai gida kake faɗa, ba da gidan ba. In ka kashe tanderu, ranar da aka sasanta ina za ka koma? Don haka ƙungiyar ma'aikata da kanta ta ware mutum biyu su riƙa shiga. Na dare wani dattijo ne da ko gaisuwa da ka yake amsawa. Na rana kuwa Rediyo. Wakili ne ya kawo sunansa, ya ce ba wanda ya san halin Tsohuwa kamarsa, kuma gaskiya ya faɗa. Abin da bai tuna ba shi ne ƙanen nasa zai riƙa jin duk abin da ake faɗa a waje, sannan ya shiga ciki da shi.

Da yajin ya ja, kamfani ya ƙi ko leƙowa, sai samari suka fara tafasa. Wata safiya Rediyo na shirin shiga suka tare masa hanya.

"Yau ba mai shiga," in ji ɗayansu. "Muna nan rana na dukanmu, shi yana ciki yana lallashin wutarsu. A bar ta ta mutu, mu ga in ba za su fito ba."

Wakili ya hau kan benci. Ya san mutanensa. Ya san in ya ce musu a'a kai tsaye, za su bi ta kansa su wuce.

"Ku saurare ni," ya ce. "Wutar nan ita ce sandarmu ta ƙarshe, ba da ita ake fara faɗa ba. In suka ƙi mu har ƙarshe, ni da kaina zan shiga in jawo ƙanena waje, mu bar ta ta mutu. Na yi muku wannan alkawari. Amma ba yau ba. Ku ba shi hanya."

Suka ba shi hanya. Duk mai hankali a wurin ya gane abin da Wakili ya yi, ya miƙa wa yaro alewa ne don ya saki wuƙa. Rediyo ma ya gane sarai. Ya wuce ta tsakiyarsu yana alfahari da mijin yayarsa.

Sai dai cikin masana'antar a waɗannan kwanaki azaba ce ga mutum irinsa. Injuna a tsaye, ba ƙarar kwalba, ba ko mai ce masa don Allah ka yi mana shiru. Daga shi sai gurnanin wuta. Ya yi wa Tsohuwa hira har ya gaji, ya koma kan kyanwar sito. A cikin wannan hali ne Manaja ya fara saukowa daga bene da rana, riƙe da kofin shayi biyu. Mutum ne mai fara'a, ya taɓa yin aiki a ƙasan kafin ya hau sama, ya kuma iya zama a kan akwatin kwalba kamar kowa. Ba ya tambayar kome. Sai dai ya ce, "Allah ya saka maka, ba don kai ba da mun shiga uku," sannan ya kurɓi shayi ya yi shiru. Wanda ya san Rediyo ya san ba a yin shiru a gabansa ya bar shirun haka nan.

Shi bai ɗauki abin da yake yi a matsayin kai rahoto ba. A ganinsa ma taimako yake yi. Ya ce a ransa bari ya tsorata mutumin nan, ko ya hau sama ya gaya wa manyansa su sauko a yi magana.

"Ranka ya daɗe, ba ku san abin da ke waje ba. Yau da ƙyar na shigo. Mijin yayata ma da kuke gani mai sanyi, ya hau benci ya ce shi da kansa zai zo ya fitar da ni a bar wutar ta mutu. A gaban kowa ya faɗa, har da alkawari."

"Wakili? Shi da bakinsa?"

"Da kunnena na ji."

Ya so ya ƙara da cewa don ya kwantar da samari ne, amma ya ga in ya faɗi haka maganar za ta yi sanyi, sai ya haɗiye. Karo na farko ke nan a rayuwarsa da ya rage labari, kuma rabin da ya rage shi ne mai amfanin. Manaja ya shanye shayinsa, ya tattara kofunan ya hau bene.

Ba a jima ba kamfani ya kori shugabannin yajin, Wakili a kan gaba, ya kuma kai ƙara kotun ma'aikata yana neman a tilasta wa sauran su koma. Ƙungiya ita ma ta ɗauki lauya, wata mata mai saurin magana, ta shigar da tata ƙarar a kan korar da kuma zafin ɗakin injuna. Alƙali ya haɗa ƙararrakin wuri ɗaya, ya ce kowa ya koma bakin aiki a bar masa maganar, korarrun kuma su jira hukunci. Mutane suka ji daɗi, don yajin ya fara taɓa tukunyar kowa. Wakili ya fi kowa murna, duk da yana cikin masu jiran. Ya ce gara a je inda za a saurari kowa bi da bi, da a ci gaba da ihu a bakin ƙofa.

Sai ga sammaci an kawo wa Rediyo, ana nemansa a matsayin shaidar kamfani. Cikin duk waɗanda suka ji maganar benci ba wanda zai buɗe baki ya maimaita ta. Kamfani ba shi da kowa sai wanda ya kawo masa ita da ƙafarsa. A lokacin ne Rediyo ya gane shayin nan ba kyauta ba ne. Ya zo gida ya zauna a bakin gado, ko takalmi bai cire ba.

"Lafiya, maigida? Wa ya rasu?" in ji matarsa.

Ya gaya mata, yau kam a taƙaice.

"Tun yaushe nake ce maka baki shi ke yanka wuya? Ashe ba naka wuyan zai yanka ba." Ta zauna kusa da shi. "To ka ce ba ka ji ba mana. Wa zai ƙaryata ka?"

"Rantsuwa za a ba ni."

"Ka tashi ka je ka sami Wakili, tun bai ji a bakin wani ba."

Ya tarar da Wakili a tsakar gida yana gyara sarƙar keken 'yarsa, Yaya tana wanki a gefe. Ya tsugunna, abin da bai taɓa yi a gidan ba, ya faɗi duk yadda aka yi, har da rabin da ya haɗiye. Yaya ta tsaya da riga a hannu, ruwa na ɗiga a ƙafarta. Wakili ya ɗauki tsumma ya goge yatsunsa ɗaya bayan ɗaya.

"Ai na faɗa," ya ce. "Ba ƙarya ka yi mini ba."

"Zan ce ban ji ba. Wallahi zan ce ban ji ba."

"Ba za ka ce ba. Kada ka rantse a kan ƙarya saboda ni. In suka kama ka, ba ni kaɗai zan faɗi ba, duk waɗanda aka kora tare da ni sun tafi ke nan, maganar gyaran fankokin ma ta tafi. Ka faɗi abin da ka ji. Lauyarmu ta ce kowa ya amsa abin da aka tambaye shi kawai, i ko a'a. In lokacinta ya zo za ta tambaye ka dalili, sai ka faɗa. Alƙali mutum ne, zai gane." Ya ɗan murmusa. "Abu ɗaya nake roƙonka, Gyara. Kada ka ja zance, ka bar wa bawan Allah lokacin cin abincin rana."

Yaya ba ta yi dariya ba. Ta matse rigar ta shanya, ta shige ɗaki.

Kotun ɗaki ne madaidaici mai dogayen kujerun katako, da fanka a sama tana juyawa. Ma'aikatan da suka sami hutun zuwa suka cika bayan ɗakin, rabinsu fankar suke kallo. Alƙalin dattijo ne mai tabarau, ba ya ɗaga murya, kuma duk abin da aka faɗa sai ya rubuta da hannunsa, don haka kome a hankali ake yinsa. Aka rantsar da Rediyo. Lauyan kamfani ya miƙe, mutum mai ladabi har ya yi yawa.

"Kana bakin ƙofa a safiyar da aka tare maka hanya?"

"I."

"Ka ji wani ya yi alkawarin barin wutar tanderu ta mutu?"

"Na ji."

"Wane ne?"

"Wakili."

Ya ja bakinsa ya rufe. Har ya fara jin ya tsallake, don bai taɓa yin gajerun amsoshi haka ba tun da aka haife shi. Lauyan ya ajiye takardunsa kamar ya gama, sannan ya sake ɗagowa.

"Malam, ka yi mini haƙuri. Ni lauya ne, ban san gilashi ba, mai shari'a ma ina jin bai taɓa shiga irin wurinku ba. An ce mini ba wanda ya san tanderun nan kamarka. Ko za ka taimake mu? In wuta ta mutu, me ke faruwa? Ba sake kunnawa kawai ake yi ba?"

Sake kunnawa kawai. Nan ne aka taɓa shi inda yake masa ƙaiƙayi. Duk tsawon rayuwarsa yana neman wanda zai tsaya ya ji labarin Tsohuwa, mutane na zillewa. Yau ga ɗaki cike an yi tsit, ga babban mutum riƙe da biro yana jiran abin da zai fito daga bakinsa. Ya manta Wakili, ya manta i ko a'a. Ya bayyana yadda gilashin zai fara yin kauri, yadda zai kama maƙogwaron tanderu ya toshe, yadda bulon rufi zai tsuke in ya huce ya tsattsage ya rufto. Ya faɗi yadda za a shiga da guduma a yi ta fasa daskararren gilashi, masana'anta a rufe wata da watanni, magidanta suna zaune a gida. Lauyar ƙungiya ta miƙe ta ce shaida ya fita daga tambaya. Alƙali ya ce a bar shi, kotu na bukatar sanin girman abin da ake magana a kai. Rediyo ya ji kamar an ba shi lambar yabo, ya ɗora daga inda ya tsaya, har da kwatance da hannu.

"Ranka ya daɗe, wanda ya kashe tanderu ya kashe gidan gaba ɗaya. Ba mai ƙaunar wurin nan da zai ko kawo wannan a ransa."

Sai da maganar ta fita ya ji ta da kunnensa. Ya waiga. Wakili na zaune a kujerar gaba, ya sunkuyar da kai yana kallon tafin hannunsa. Alƙali yana rubutawa.

Lauyar ƙungiya ta yi iya ƙoƙarinta. Ta tambaye shi me ya sa Wakili ya faɗi abin da ya faɗa, ya ce don samari su ba shi hanya ne, kuma ba don maganar ba da wutar ta mutu tun ranar. Gaskiya ce tsantsa, amma muryar da ta cika ɗaki ɗazu yanzu da ƙyar take kaiwa teburin alƙali, har sai da aka ce ya maimaita. Lauyan kamfani ya nemi izinin ƙarin tambaya.

"Da ka kai wa Manaja maganar, ka gaya masa lallashin samari ake yi?"

"Ban gaya masa ba."

"Me ya hana?"

"Na so ya tsorata."

"Wato an faɗi magana a ƙofa, kai ƙanen matar mai maganar ka shiga da ita ciki don kamfani ya tsorata."

"Ba shi ya aike ni ba."

"Ban ce ya aike ka ba, Malam. Na gode."

Aka ɗage zaman zuwa ranar hukunci. A makonnin da suka biyo baya Rediyo ya yi shiru, shirun da ya tsorata matarsa fiye da rashin lafiya. A wurin aiki wasu na tambaya ko batirin ne ya ƙare, wasu kuwa sun daina zama kusa da shi. Bai ga laifinsu ba. Laifi dai nasa ne, ya san nasa ne, ya juya shi ta kowace fuska bai sami inda zai jingina shi ga wani ba. Ya so ya ɗora wa Manaja, har ya tare shi a ƙasan bene ya ce, "Ranka ya daɗe, ai hira muke yi." Manaja ya kau da kai ya ce shi ma aikinsa yake karewa, an tambaye shi abin da ya sani ne ya faɗa. Ya so ya ɗora wa lauya, amma lauya tambaya kawai ya yi. Mutumin da ya ba shi takalmi ya yi masa uba ya roƙe shi abu ɗaya tak, ya kasa, ba don tsoro ba, ba don an saye shi ba, sai don daɗin a saurare shi. Wannan ne ke hana shi cin abinci. Da tsoro ne ma da ya sami abin faɗa wa kansa.

Ya daina bin layin gidan yayarsa, yana zagayawa ta bayan kasuwa. Yaya ce ta zo ta same shi wata ranar hutu da hantsi. Ba ta zauna ba, ba ta kuma karɓi ruwan da aka kawo mata ba.

"Ban zo zaginka ba," ta ce. "Shi ya aiko ni, ya ce ka daina gudun gidansa, yara na tambayar kawu. Na kawo saƙo. Amma ni, ka ɗan ba ni lokaci kafin ka zo."

Ranar hukunci alƙali ya daɗe yana karatu. Ya umarci kamfani ya gyara fankoki, ya mayar da hutun shan iska, ya kula da jinyar wanda ya ƙone, kuma a turo jami'i ya duba an yi. Ya ce korar da aka yi wa shugabannin yajin ta wuce gona da iri, a mayar da su bakin aikinsu. Bayan ɗakin ya fara motsi, har sai da alƙali ya ɗaga ido aka natsu. Sannan ya ce ban da mutum ɗaya. Kotu ba ta musun cewa wataƙila Wakili bai yi niyyar aikatawa ba, amma shugaba ne, a bainar jama'a ya yi alkawarin, maganar kuma ta isa ga kamfani da nufin tsoratarwa. Bisa bayanin da shaida ya yi na irin ɓarnar da za a yi, kotu ba za ta tilasta wa kamfani ya sake amincewa da shi kusa da tanderu ba.

A waje mutane suka rasa yadda za su yi da murnarsu. Sun ci nasara a kan duk abin da ya fitar da su, ga kuma wanda ya ja su zuwa nasarar tsaye a gefe da hularsa a hannu. Lauyar ta yi maganar ɗaukaka ƙara, amma da muryar wadda ba ta son a riƙe ta da alkawari. Kowa ya san a sana'ar gilashi, mutumin da kotu ta rubuta cewa ya yi barazanar kashe wuta, ba masana'antar da za ta buɗe masa ƙofa. Wakili kuwa tun yana saurayi ba abin da hannunsa ya iya sai kwalba.

Bayan an gyara fankokin ne Wakili ya zo kwashe kayansa. Dokar wurin ita ce korarre ba ya yawo a ciki shi kaɗai, don haka mai gadi ya biyo shi a baya, yana jan ƙafa don kunya. Waɗanda ke zaune a inuwa suna hutun shan iska suka mimmiƙe tsaye da ya zo wucewa. Ya shiga ɗakin sauya kaya ya fito da 'yar jaka, kofinsa da tawul da safar hannu. Hanyar fita ta gaban tanderu take bi.

Rediyo ya hango shi tun daga nesa. Ya daɗe yana shirya abin da zai ce, ya tsara shi a hanya, ya tsara shi a kan gado, yanzu ya neme shi ya rasa. Wakili ya nufo shi. Akwai jan layi da aka shata a ƙasa kewaye da tanderun, yana isa wurin mai gadi ya yi gyaran murya.

"Ka yi haƙuri, Wakili. An ce kada ka tsallake layin nan."

Wakili ya dubi layin, ya ja ƙafarsa baya. Ya tsaya da jakarsa, ya ɗan karkata kai yana sauraro. Shekarun da ya yi yana karɓar gilashin Tsohuwa a injinsa sun koya masa muryarta.

"Wakili," in ji Rediyo. "Ni dai..."

"Bari, ƙanena. Ka ƙara mata iska, tana shaƙewa."

Rediyo ya ɗauki baƙin gilashi ya leƙa. Haka ne kuwa, harshen wutar ya yi ja ya fara hayaƙi, tun da ya hango shi ya shagala. Ya zagaya ya kama makunnin iska, ya riƙa buɗewa kaɗan kaɗan, don ba a yi mata gaggawa, idonsa a kan ma'auni har wutar ta washe. Da ya juyo, Wakili ya kusa kaiwa babbar ƙofa, mai gadi na bin sa a baya. Ya so ya bi shi. Ya duba hagu da dama ko akwai wanda zai riƙe masa wurin, babu kowa, kuma ba a barin wuta ba mai tsaro. Ya tsaya a cikin layin har aka rufe ƙofar.